Rabon Faɗa a Cadi: Sojan Waje da Yaƙin Basasa, 1979–1982

Ran 7 ga watan Yuni, 1982, mayaƙan Husaini Habre suka shiga Injamena, babban birnin ƙasar Cadi, ba tare da wani gagarumin faɗa ba. Shugaban gwamnati, Gukuni Weddei, ya ƙetare kogin Shari ya tsere Kamaru. A wannan rana akwai rundunar Ƙungiyar Haɗa Kan Afirka a cikin ƙasar, watau sojan Nijeriya da na Senegal da na Zayar, waɗanda aka kai don su kiyaye zaman lafiya, kuma gwamnatin da ta faɗi ɗin ita ce ta gayyace su. A gabansu aka yi komai aka gama. Wannan runduna ita ce ta farko irinta da ƙungiyar ta taɓa haɗawa, saboda haka ya kamata a bi sawun al'amarin a ga yadda aka yi ya ƙare haka.

Tushen rikicin ya girmi 'yancin kai. Kafin zuwan Turawa, daulolin Musulmi na Bagarmi da Wadai sun daɗe suna kai hari kudu suna kamo bayi daga ƙabilar Sara da maƙwabtanta. Da Faransawa suka ci ƙasar sai abin ya juye. A kudu suka ga ƙasar noman auduga, can suka fi gina makarantu, can kuma suka ɗebi ma'aikata da soja. Arewa mai nisa, watau Borku da Ennedi da Tibesti, ƙasar Tubawa, sai suka bar ta a hannun hafsoshinsu har 1965, shekara biyar bayan an ba Cadi mulkin kai. Shi ya sa sa'ad da Faransuwa Tombalbaye ya hau mulki a 1960, gwamna da mai karɓar haraji da ɗan sanda duk kusan mutanen kudu ne, ko a garuruwan da ba su jin harshen jama'a. A 1965 talakawan Mangalme suka tayar wa masu karɓar haraji, a 1966 aka kafa ƙungiyar tawaye ta FROLINAT a Nyala ta ƙasar Sudan. Faransa ta turo soja ta tallafi Tombalbaye, Libiya kuwa ta mamaye yankin Awzu a 1973 tana raba wa 'yan tawaye makamai. Soja suka kashe Tombalbaye a 1975, Janar Felis Malum, shi ma ɗan kudu, ya gaje shi.

Kuskure ne a ɗauki yaƙin a kan Musulmin arewa da Kiristan kudu kaɗai. Ƙungiyar tawayen kanta ta dare gida gida bisa ƙabila da son shugabanci. Gukuni ɗan Darde ne, babban sarkin Teda na Tibesti. Habre ɗan Goran ne daga Faya, mai ilmin zamani da ya yi karatu a Paris. Larabawa kuma suna bayan Asil Ahmad, wanda ya fi kowa kusa da Gaddafi. Malum ya ga zai ci ribar wannan rarrabuwa, ya jawo Habre ya naɗa shi Firayim Minista a watan Agusta, 1978. Wata shida ba su cika ba, a Fabrairu 1979, sojan shugaban ƙasa da na firayim ministansa suka kaure da faɗa a tsakiyar Injamena. Aka kashe 'yan kudu a birnin, dubbai suka gudu gida, a can kuma aka huce a kan Musulmin da ke zaune a Mundu da wasu garuruwa. Sojan Faransa suna birnin a lokacin, amma ba su tsaya wa Malum ba. Wanda ya lura, tun daga nan zai ga abin da zai maimaitu: sojan waje ya naɗe hannu ya ce ba ruwansa, naɗe hannun nan kuwa ya zama taimako ga wanda ya fi ƙarfi a fage.

Nijeriya ba ta iya zura ido ba. Iyakarta da Cadi tana cikin Tafkin Cadi, Kanuri da Shuwa suna zaune a ɓangarorin biyu, kuma tun Injamena tana amsa sunan Fort Lamy zango ce ga alhazan ƙasar Hausa masu bin hanyar Sudan. Idan gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. Gwamnatin Janar Obasanjo ta kira taro a Kano a watan Maris, 1979, inda aka yarda a tsagaita wuta, Malum ya sauka, a fitar da mayaƙa daga babban birni, Nijeriya kuma ta aika da soja su tsaya a tsakani. Aka tura 'yan ɗaruruwa ƙarƙashin Kanar Muhammadu Magoro.

Ba su daɗe ba. Mayaƙan Habre da na Gukuni sun ƙi barin birnin, sun kuma fi baƙin yawa nesa. Taron Kano na biyu, a watan Afrilu, ya watse saboda su biyun sun ƙi a shigo da ƙungiyoyin da Libiya ke goya wa baya. Suka koma gida suka kafa gwamnati tasu, suka ɗora Lol Muhammad Shuwa a kai. Nijeriya ta ƙi amincewa da wannan gwamnati, ta hana a kai wa Cadi man fetur. To, ƙasar da ke toshe maka mai, ba za ka kalli sojanta a matsayin 'yan ba-ruwanmu ba. Aka nemi su fita, suka fita a watan Yuni.

A Legas, ran 21 ga Agusta, 1979, ƙungiyoyi goma sha ɗaya suka sa hannu a kan sabuwar yarjejeniya. Gukuni ya zama shugaban gwamnatin riƙon ƙwarya, Kanar Kamuge na kudu mataimakinsa, Habre ministan tsaro. An koyi darasi guda daga abin da ya sami Nijeriya, aka ce wannan karon sojan rabon faɗa su fito daga ƙasashen da ba su haɗa iyaka da Cadi ba: Kwango da Benin da Gini. Kwango kaɗai ta cika alkawari, ta kawo soja wajen ɗari biyar a Janairu 1980. Da faɗa ya sake ɓarkewa a watan Maris tsakanin Gukuni da Habre, sojan nan suka zauna cikin barikinsu har aka kwashe su. Faransawa ma suka tafi a watan Mayu. Aka shafe wata tara ana ruwan wuta a Injamena, jama'a suka tsallaka kogi zuwa Kuseri, wasu har Barno.

Abin da ya kawo ƙarshen wannan faɗa ba ya yi wa kowa daɗin faɗi. Gukuni ya nemi taimakon Gaddafi, sojan Libiya suka zo da tankoki da jiragen sama, a Disamba 1980 Habre ya gudu. A duk sojan wajen da suka taka ƙasar tun 1979, su ne kaɗai suka kashe wutar, domin sun zo ne su yi yaƙi a gefe ɗaya. Amma a Janairu 1981 aka ba da sanarwar shirin haɗe Cadi da Libiya su zama ƙasa guda, hankalin Legas da Paris da Washington da Alƙahira ya tashi. Daga nan maganar runduna ta Afirka ta samu masu goyon baya da yawa, galibinsu ba tausayin talakan Cadi ya dame su ba, fitar da Gaddafi suke so. Taron ƙolin ƙungiyar a Nairobi, a Yuni 1981, ya amince a kafa rundunar. Shugaba Mitterrand na Faransa ya matsa wa Gukuni, a ƙarshen Oktoba ya nemi Libiya ta janye. Gaddafi ya yi fushi, ya kwashe sojansa cikin kusan mako biyu, tun kafin masu maye gurbinsu su iso. Habre, wanda ya sake shiri a Darfur da taimakon Sudan da Masar da Amurka, ya kama Abeshe a watan Nuwamban nan.

A nan ne zuciyar maganar take. Gukuni ya sallami sojan da ke tsare masa kujera ne bisa zaton cewa na ƙungiyar za su ɗauki aikinsu. Takardun da aka sa wa hannu sun yi maganar tsaron ƙasa da kiyaye zaman lafiya a dunƙule, kowa ya karanta abin da yake so a ciki. Shi yana ganin gwamnatinsa ce halattacciya, Habre ɗan tawaye ne, aikin rundunar ta murƙushe shi. Kwamandan rundunar, Manjo Janar Geoffrey Ejiga na Nijeriya, da shugabannin ƙungiyar, suna ganin aikinsu shi ne su tsaya a tsakani, kada su yi harbi sai don kare kansu. Amma tsakanin wa da wa? Ba a yi yarjejeniyar tsagaita wuta ba, ba a ma tambayi Habre ko ya yarda da zuwansu ba. Ba wani zaman lafiya a ƙasa da za a kiyaye.

Ga kuma ƙarancin kayan aiki. Ƙasashe shida suka yi alkawarin soja, uku suka kawo. Benin da Togo da Gini ba su zo ba. Jimlar sojan dubu uku ne da 'yan kai, a ƙasar da ta fi Nijeriya faɗi. Ƙungiyar ba ta da kuɗin ciyar da su, kowace ƙasa ta ɗauki nauyin nata, gwamnatin Shugaba Shagari ta ɗauki mafi nauyi a daidai lokacin da kuɗin man fetur ya fara raguwa. Majalisar Ɗinkin Duniya ba ta yi abin da ya wuce kiran a kafa asusun gudummawa ba, shi ma sai a ƙarshen Afrilu 1982. Runduna irin wannan, ko da an ba ta umurnin yaƙi, da ƙyar ta iya.

A Fabrairu 1982 kwamitin ƙungiyar ya zauna a Nairobi ya yanke cewa lalle Gukuni ya tsagaita wuta, ya tattauna da Habre, a yi zaɓe, rundunar kuma za ta fita ran 30 ga Yuni. Gukuni ya ƙi, yana cewa an ɗaga ɗan tawaye an ajiye shi daidai da gwamnati. Yana da gaskiya a nan, ko da shi ke shi ma ya kasa haɗa kan ministocinsa, kowannensu da rundunarsa da aljihunsa. Habre kuwa sanarwar ta gaya masa abu biyu: ba za a yaƙe shi ba, kuma ga ranar tafiya. Ya riga ya kama Faya a Janairu. Sai ya bi hanyar da ba za ta haɗa shi da sansanonin rundunar ba, ya karya mayaƙan gwamnati a Massaget ran 5 ga Yuni, bayan kwana biyu ya shiga birni.

Ana iya kare rundunar da cewa ta hana a sake yi wa Injamena irin ɓarnar 1980, kuma sojan Afirka ba su zubar da jinin 'yan Cadi ba. Hakan ya faru. Amma wajibi ne a sa abin da ya biyo baya a ɗaya gefen ma'auni. Libiya ta dawo a 1983 tare da Gukuni, Faransa ma ta dawo, aka raba ƙasar biyu. Habre ya yi shekara takwas yana mulki, ya bi ƙabilu ɗaya bayan ɗaya: mutanen kudu a 1984, Hajarai a 1987, Zagawa a 1989. Hukumar binciken da aka kafa bayan Idris Debi ya kore shi a Disamba 1990 ta ƙiyasta cewa mutum dubu arba'in ne suka hallaka a hannun gwamnatinsa. A watan Mayu, 2016, wata kotu ta musamman a Dakar, wadda Senegal ta kafa tare da Tarayyar Afirka, magajiyar ƙungiyar da ta tura waccan runduna, ta yanke masa ɗaurin rai da rai. Ya mutu a can a 2021.