Mace ɗaya, kotu uku: yadda Indiya ta yi fama da shari'o'in ciyarwa

Jama'a, na daɗe ina bibiyar tarihin dokar ciyarwa a Indiya, kuma abin da na fahimta shi ne yawan ƙofofin kotu ba shi ke kawo adalci da wuri ba. Bari in ɗauko muku labarin daga tushe.

A 1973 Indiya ta sabunta dokarta ta tsarin shari'ar laifuka. Sashe na 125 ya ce matar da mijinta ya ƙi ciyar da ita alhali yana da hali, ta je gaban majistare, ko wane addini take bi. Kafin nan mabiya Hindu suna da dokar aure ta 1955 da ta ciyarwa ta 1956. Kun ga tun a nan ƙofa ta fi ɗaya.

Sai ga Shah Bano, wata dattijuwa Musulma 'yar garin Indore. Mijinta lauya ne, ya sake ta a 1978 bayan shekara sama da 40 da aure. Majistare ya yanka mata rufi 25 a wata, babbar kotun jiha ta ɗaga kuɗin zuwa 179 da 'yan kai. Sai a 1985 Kotun Ƙoli ta tabbatar mata da haƙƙinta. Malamai da dama suka ce an yi wa shari'ar Musulunci shisshigi, tunda ciyarwa tana ƙarewa da idda. Gwamnatin Rajiv Gandhi ta yi doka ta musamman a 1986 domin Musulmai matan da aka saka. A 2001 kuma Kotun Ƙoli ta fassara dokar da cewa a cikin idda miji zai yi wa matar tanadin da zai riƙe ta har bayan idda.

A 2005 aka yi dokar kare mata daga cin zarafi a cikin gida. Ta bai wa majistare ikon hana miji duka ko korar matar daga gida, har ya sa shi biyan kuɗi. Dokar ta ce ƙari ce a kan sauran dokoki, ba ta soke su ba. To fa! Sai ya zama mace ɗaya tana da ƙara a kotu uku, kowane alƙali yana yanka nasa kuɗin bai san abin da ɗan'uwansa ya yanka ba. Miji yana kukan ana cin sa tara sau biyu, ita kuma ta ƙarar da ɗan abin hannunta a kuɗin mota da lauya, ga yara ba kuɗin makaranta.

Ranar 4 ga Nuwamba 2020, a shari'ar Rajnesh da Neha, Kotun Ƙoli ta shata layi. Ita matar tun 2013 ta shigar da ƙara. Mai shari'a Indu Malhotra da abokin aikinta suka ce dole mai ƙara ta bayyana duk wata shari'ar ciyarwa da ta taɓa shigarwa, alƙali na biyu ya lissafa abin da na farko ya riga ya yanka, wanda ke son a sauya hukunci ya koma kotun da ta yanke shi. Miji da mata kowa ya rubuta dukiyarsa da bashinsa bisa rantsuwa. Kuma kuɗin ciyarwa ya fara daga ranar da aka kai ƙara, don kada jan shari'a ya amfani miji.

Ku lura, ba a rufe wa mace ƙofa ko ɗaya ba. A Yulin 2024 ma kotun ta ce Musulmar da aka saka tana iya bin sashe na 125 duk da dokar 1986.

Mu ma nan Arewa, ciyarwa tana kotun Musulunci, maganar duka tana wajen 'yan sanda ko majistare, ga Hisba a gefe tana sulhu. Ni a ganina, alƙalin da zai yanka ciyarwa ya kamata ya fara tambaya: ina da ina wannan magana ta je, kuma me aka yanke? Allah ya ba mu zaman lafiya a gidajenmu.