SHAGO: ZAKARAN DA MUKA GANI DA KUNNE

Yau na ɗan ajiye littafin da nake kawo muku, dambe za mu taɓa.

A Amurka, idan ɗan dambe ya shahara, masu fim ke fara neman sa. Muhammad Ali ya karɓe kambun duniya hannun Sonny Liston a 1964, ya kayar da George Foreman a Kinshasa a 1974, sannan a 1977 ya fito a fim ɗin The Greatest a matsayin kansa. Ya rasu a 2016, amma duk mai son ganin rawar ƙafarsa zai gani.

Mu kuwa a Bodinga da Shagari, namu zakaran da kunne muka gan shi. Shago nake nufi, mutumin ƙasar Zamfara, tun tana cikin jihar Sakkwato, kafin a cire ta a 1996. Damben nasu ba na safar hannu ba ne. Sana'ar mahauta ce tun asali, ana yi da kaka bayan an kai amfanin gona gida. A naɗe hannu ɗaya da zare, ɗayan ya zama garkuwa, wanda ya kai ƙasa a ce an kashe shi.

Wanda ya yi wa Shago aikin kyamara shi ne Ɗan Anace da kalangunsa. A waƙarsa muka san karon Shago da Ɗandunawa, har yaron da bai taɓa leƙa filin dambe ba zai ba ka labarin kamar a gabansa aka yi. Rediyo ta ɗauka, kaset ya raba ta tasha-tasha da rumfunan mahauta. Ni a ganina, a matsayina na mai rubuta labari, fim bai isa ya yi wannan aikin ba. Kyamara tana nuna mutum daidai tsawonsa, makaɗi kuwa sai ya mai da shi dodo, ya sa maka maƙabarta da kuka a cikin naushi ɗaya. Ɗan Anace ya rasu a 1986, muryar tana nan.

Yanzu allon ya iso filin da kansa. Tun da aka buɗe tashar Dambe Warriors a YouTube a 2017, 'yan Kudu da Arewa da Guramaɗa suna dambe ana kallonsu har ƙasashen waje. Na yi musu murna, don abinci ya ƙaru. Sai dai ku lura, a yawancin bidiyon nan naushin ake yankowa, kirari da kiɗan a bar su can baya ana jinsu sama-sama. Dattawan da suka ga Shago ido da ido kuma sai raguwa suke. Wanda ke da irin wannan tsoho a gida, don Allah ya kunna waya ya ɗauki bayaninsa, ya aiko mana mu sa a shafin nan.