Daga Waƙar Diga zuwa Tauraruwa Mai Wutsiya: Yadda Kimiyya Ta Shiga Hausa

Akwai wata magana da nake yawan ji a bakin 'ya'yanmu da aka haifa a nan Abuja, wai Hausa harshen kasuwa ne da hira, amma in ana batun kimiyya sai a koma Turanci. To, shi ya sa na ga ya dace mu ɗan waiwayi tarihi, domin kakanninmu sun gamu da zamanin injuna fiye da shekara 100 da suka wuce, kuma da Hausa suka tarbe shi.

Abin da ya fara zuwa shi ne jirgin ƙasa. A 1907 aka soma shimfiɗa dogo daga Baro, ya ratsa ta Zariya ya isa Kano a 1911, daga nan cinikin gyaɗa ya buɗe. Tun kafin Bature ya buga littafi ya bayyana wa talaka abin da ke faruwa, Sarkin Zazzau Aliyu Ɗansidi ya riga ya tsara Waƙar Diga a kan aikin dogon da irin sauyin da ya jawo wa ƙasa. Daga baya Aliyu Namangi, wanda makaho ne, ya yi Waƙar Keke. Wato dai duk sabon ƙarfen da ya shigo, sai mawaƙi ya auna shi ya gaya wa jama'a yadda ya gan shi.

Na biyu shi ne injin buga littattafai. Hukumar Fassara da aka kafa a 1929 ta koma Hukumar Talifi a Zariya ƙarƙashin Dakta Rupert East, a 1933 kuma ta shirya gasar da ta haifar da Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da Ganɗoki na Bello Kagara, da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa. A watan Janairun 1939 jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fito, Imam ne editanta, sannan a 1945 aka kafa Kamfanin Gaskiya a Tukur-Tukur. Mutum ɗaya mai boko zai sayi jarida a kan kwabo, ya zauna a zaure ya karanta da ƙarfi, waɗanda ba su taɓa shiga aji ba su ji labarin yaƙin duniya da jirgin sama da maganin cututtuka.

A nan ne nake so mu tsaya mu duba da kyau. Lokacin da East da Imam suka rubuta littafin kimiyya don makarantu, mai bayanin halittu iri-iri na cikin duniya, sunan da suka sa masa shi ne Ikon Allah. A ganina wannan suna shi ne rabin aikin. A zamanin nan iyaye da yawa na gudun boko don tsoron ya raba yaro da addininsa. Amma da aka ce wa uba ɗansa zai karanta Ikon Allah, sai binciken tsiro da dabba da ruwan sama ya zama duban halittar Ubangiji, abin da malaman zaure ma suke kwaɗaitarwa. Imam ya san mutanensa, ya san ta ƙofar da ake shiga gidansu.

Majigi ya ɗora daga nan. Mota ce take zuwa gari da injin wuta, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada bayan magariba, mai bayani yana fassarawa da Hausa. Ta haka aka nuna tsabtar rijiya da rigakafi, da fim irin Baban Larai mai koyar da noman auduga na zamani. Ba na mantawa cewa gwamnatin mulkin mallaka audugar take so don masaƙun Ingila, amma manomi ya ɗauki abin da zai amfane shi. Rediyo ya zo ya ƙarasa, sashen Hausa na BBC a 1957, gidan rediyon Kaduna a 1962.

Sakamakon duk wannan ya bayyana a 1969, shekarar da Amurkawa suka sauka a kan wata. A shekarar ce kamfanin NNPC na Zariya ya buga Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo, labarin wani yaro da aka ɗauka aka yi yawo da shi sararin samaniya. Cikin shekara 58 kacal, daga isar jirgi Kano, Hausa ta tashi daga waƙar diga ta kai ga ƙagaggen labarin taurari.

Saboda haka matsalar 'ya'yanmu a nan ba ta harshe ba ce, mu ne muka daina ba su abin karantawa. Mun taso daga Kano da Katsina da Sakkwato da Maraɗi neman abinci, mun sa su makarantun Turanci, wannan kuwa daidai ne, amma gida babu littafin Hausa ko ɗaya. Shawarata ita ce, duk wanda zai je gida hutun Sallah ya leƙa wajen masu sayar da littattafai ya nemo waɗannan da na ambata, ya riƙa karanta wa yara shafi biyu da dare. Likitoci da injiniyoyin cikinmu kuma su daure su riƙa rubuta abin da suka sani da Hausa, ko da a waya ne. Allah Ya jiƙan magabata, Ya sa mu dace.