Me ya kai Karaduwa teku?

In kai ɗan Gozaki ne, ko Ƙafur, ko Malumfashi, ka san Karaduwa kogi ce, kuma da sunanta ake kiran shiyyar Funtuwa baki ɗaya. To akwai wata Karaduwar a Legas, jirgin yaƙi ne na sojan ruwa, NNS Karaduwa, wanda Shugaba Buhari ya ƙaddamar a Disamban 2016. Sojan ruwa da kansu suka ƙera shi a ma'aikatarsu ta Legas. Yayansa Andoni ya fito a 2012, ƙanensa Oji a 2021. Duba sunayen ukun da kyau, duk koguna ne. Ba haka kawai aka raɗa su ba.

Sojan ruwa na kasa jiragensu hawa biyu. Da farko nau'i, wato girman jirgi da aikinsa. A zamanin jiragen filafilai Turawan Ingila da yawan igwa suke aunawa, mai igwa 100 ko fiye shi ne sahun farko. Yau aiki ake dubawa: firigit babba ne mai dogon zango, korbet bai kai shi ba, akwai masu sintirin gaɓa, akwai masu sauke dakaru a tudu. Hawa na biyu shi ne aji, wato jiragen da aka ƙera da zane ɗaya, tamkar 'yan uwa ciki ɗaya. A al'adar Ingila da Amurka, jirgin da aka fara ƙerawa shi ke ba ajin sunansa.

Najeriya ta gaji tsarin, har da harufan gaban suna, don HMNS ake rubutawa kafin ƙasar ta zama jamhuriya a 1963. Amma bayan yaƙin basasa sai ta ɓullo da dabararta, kuma a ganina dabara ce mai kyau. A ɗauki dabba ɗaya, a raba sunanta cikin harsunan ƙasa. Korbet biyu da suka zo daga Ingila a 1972 an sa musu Dorina da Otobo. Biyun da suka biyo baya a 1980, Erinomi da Enyimiri, dorina ce da Yarbanci da Ibo, kuma duka kalmomin biyu "giwar ruwa" suke nufi. Ƙananan jirage masu gudu ƙirar Jamus aka kira su Ekpe, Damisa da Agu, duk damisa. Waɗanda Amurka ta bayar a farkon shekarun 2000 kuwa kyanwa ce sau huɗu: Kyanwa, Ologbo, Nwamba, Obula. Ka ga ko ba ka taɓa ganin teku ba, da jin suna za ka san wane ne ɗan'uwan wane. Kada, wanda ya iso a 2022, mai sauke dakaru a tudu ne. Sunan ya dace da shi, tunda kada na ruwa ne kuma na tudu.

Za ka ce, to mene ne amfanin aji banda ado? Tambayi bakaniken tarakta a Funtuwa. In Massey Ferguson iri ɗaya ce ta cika gari, kayan gyara ba sa wuya, wanda ya iya ɗaya ya iya sauran, in ta ɓaci a ciro daga wannan a sa wa waccan. Haka jirgi yake.

Nan ne Aradu ya sha wuya. Firigit ne mai tsawon kusan mita 125, kamfanin Blohm da Voss na Hambug ya ƙera shi, ya fara aiki a 1982 a matsayin jagoran rundunar. Ajantina ta sayi huɗu masu kama da shi, Najeriya ta tsaya a ɗaya tilo. Ba shi da ɗan'uwan da zai riƙe masa aiki in ya shiga gyara, ba wanda za a ari kaya a wurinsa. Ya samu ya je bikin cikar Yaƙin Tarafalga shekara 200 a Ingila a 2005, amma shekaru da dama na rayuwarsa a ɗaure ya yi su a bakin tasha.

Karaduwa kuwa yana da wa, yana da ƙane, kuma ma'aikatar da ta haife su tana nan Legas. Kowane ya ɗara na gabansa tsawo: Andoni mita 31, Oji mita 43, naku a tsakiya.