Ƙarar da Aka Riga Aka Yanke: Darasi Daga Shari'ar Eleko

Tun zamanin Rumawa masana shari'a suka kafa ƙa'idar cewa maganar da alƙali ya yanke ta yanku. Wanda aka kayar yana iya ɗaukaka ƙara zuwa kotun gaba, amma ba shi da ikon sake shigar da ita sabuwa yana neman abin da aka hana shi. Dalilan biyu ne: kada a wahalar da mutum sau biyu a kan magana guda, kuma jama'a na bukatar husuma ta zo ƙarshe. A Ingila an faɗaɗa ƙa'idar a shari'ar Henderson ta 1843, inda aka hana mai ƙara dawowa da hujjar da ya kamata ya kawo tun farko.

Sai dai ƙa'idar ta gamu da cikas wajen ƙarar wanda hukuma ta tsare, kuma daga Nijeriya fitacciyar shari'ar ta taso. A 1925 gwamnatin mulkin mallaka ta tuɓe Sarkin Ikko, Eshugbayi Eleko, ta kai shi Oyo. Ya roƙi kotu ta umarci a kawo shi gabanta a bincika halascin tsarewar, aka ƙi. Da ya kai roƙon gaban wani alƙalin, sai aka ce an riga an yanke maganar. A 1928 Kwamitin Shari'a na Majalisar Sarkin Ingila, wanda shi ne kotun ƙarshe ga ƙasashen mallaka, ya rushe wannan hukunci ta bakin Lord Hailsham. Ya ce wanda aka tsare yana iya bin alƙalai ɗaya bayan ɗaya, kuma wajibi ne kowannensu ya saurare shi. Bayan wani hukuncin a 1931, Eleko ya koma Ikko, ya rasu a 1932.

Wannan sassauci bai ɗore ba. A shari'o'in Hastings na 1958 da 1959 alƙalan Ingila suka ƙi bin sa, sannan dokar 1960 ta hana maimaita irin wannan roƙo sai da sabuwar shaida. Indiya ma kusan hanyar ta bi. A shari'ar Daryao ta 1961 Kotun Ƙoli ta ce koken neman haƙƙin tsarin mulki da aka kora bayan duba gundarinsa ba ya dawowa, amma a shari'ar Lallubhai ta 1980 ta yarje wa tsararre ya sake kawo koke in yana da sababbin dalilai.

Abin lura shi ne, abin da mai ƙara yake nema ba shi kaɗai ake dubawa ba. Ana duba ko an saurari gundarin ƙarar farko, da kuma ko wani sabon abu ya bayyana. In babu, ƙofa a rufe take. In kuwa 'yancin mutum ne a kan ma'auni, kotuna sun fi jin tsoron barin marar laifi a tsare fiye da wahalar sake zama.