Alƙalami a Hannun Jaruma: Nazarin Tauraruwa Jenifa a Finafinan Funke Akindele

Tsakure

Wannan maƙala ta bi sawun tauraruwa Jenifa daga 2008 zuwa 2024, domin nuna cewa ɗorewar Funke Akindele a masana'antar finafinan kudancin Nijeriya ta samo asali ne daga riƙe alƙalamin labari da ragamar shiryawa, waɗanda suka ba ta ikon da fitowa a fim kaɗai ba ya bayarwa.

Gabatarwa

An haifi Akindele a Legas a 1977. Masu kallo sun fara saninta ta shirin talabijin na I Need to Know, wanda aka shirya da tallafin Asusun Kula da Yawan Al'umma na Majalisar Ɗinkin Duniya, domin wayar da kan matasa game da lafiyarsu. A wancan shiri ita 'yar wasa ce kawai, abin da aka rubuta mata shi take faɗa.

Haihuwar Jenifa

A 2008 ta rubuta fim ɗin Jenifa cikin harshen Yarabanci, ta kuma fito a matsayin Suliat, 'yar ƙauyen Aiyetoro da ta shiga jami'a a Legas, ta sauya suna zuwa Jenifa don ta yi gogayya da 'yan matan birni. Makaminta na ban dariya shi ne gurɓataccen Turancinta, wanda take furtawa da cikakken ƙarfin hali, ko gezau. Amma labarin bai ƙare da dariya ba, domin rawar kai ta jefa ta cikin cutar ƙanjamau. A nan ana ganin tasirin shirinta na farko: wa'azin lafiya ne aka lulluɓe da barkwanci. Rawar ta ba Akindele kyautar gwarzuwar jaruma a bikin karrama finafinan Afirka na AMAA a 2009.

Abin da ya fi jan hankalin mai nazari shi ne yadda ta hana tauraruwar mutuwa tare da kasuwar faifai. Ta dawo da ita a The Return of Jenifa (2011), ta mayar da ita shiri mai dogon zango, Jenifa's Diary, daga 2015, sannan ta kai ta sinima a Everybody Loves Jenifa (2024). Duk lokacin da kasuwa ta sauya sheƙa, sai ta sake ɗinka wa Jenifa riga daidai da ita. Jarumar da ke jiran kiran furodusa ba ta da wannan dama, kuma a ganina masu nazari ba su ba wannan batu haƙƙinsa ba.

Faɗaɗa Masu Kallo

Wani fim ɗin nata da babu Jenifa a ciki, A Tribe Called Judah (2023), ya nuna wannan lissafi na kasuwa ta wata fuska. Uwa ɗaya ce da 'ya'ya maza 5, kowanne mahaifinsa daga ƙabila daban, ciki har da Adamu wanda Uzee Usman ya taka. Ciwon ƙodar uwar ne ya tura su yin fashi don neman kuɗin magani. Tsarin labarin ya ba kowane yanki ɗan da zai kira nasa, kuma shi ne fim ɗin Nijeriya na farko da ya tara fiye da naira biliyan 1 a gidajen sinima.