Sultan Khan: Baƙon Panjab da Ya Ci Sarautar Shaɗaranji a Ingila

Shaɗaranji, wanda wasu ke kira darar Turawa, ba a Turai aka haife shi ba. Daga ƙasar Hindu ya fito, ya bi ta Farisa, Larabawa suka karɓe shi suka kai shi Andalus, sa'annan Turawa suka sāke masa dokoki a ƙarshen ƙarni na 15. Sauyin nan ya sa wasan da ake bugawa a ƙauyukan Panjab a farkon ƙarni na 20 ya sha bamban da na London: a can dakare ba ya tsallake gida biyu a takunsa na farko, kuma babu dabarar da ake ɓoye sarki a lungu tare da hasumiya a taku guda. Da waɗannan tsofaffin dokoki Sultan Khan ya koyi wasa a wurin mahaifinsa, yana ɗan shekara 9.

An haife shi a 1903 a Mitha Tiwana, wani gari da yake cikin Pakistan a yau, a gidan malamai masu filayen noma. Tun yana saurayi aka san babu mai ja da shi a Panjab. Labarinsa ya kai ga Sir Umar Hayat Khan, babban mai ƙasa kuma na hannun daman Ingilishi, wanda ya ɗauke shi cikin gidansa a 1926, ya sa aka koya masa dokokin Turai. Bayan shekara 2 kacal ya ci gasar Indiya baki ɗaya a Delhi da maki 8 da rabi cikin wasa 9. A 1929 Sir Umar ya tafi London don aikin majalisar da ke ba gwamnati shawara kan Indiya, ya tafi da shi.

Farkon zuwansa bai yi armashi ba, domin a wata ƙaramar gasar gwaji a ƙarshen jeri ya tsinci kansa. Amma a bazarar wannan shekara, a garin Ramsgate, ya ci kambin Birtaniya. Ya sāke cin sa a 1932, ya kuma maimaita a 1933. Sau 3 kuma ya zauna a allon farko na ƙungiyar Ingila a gasar ƙasashen duniya: a Hamburg a 1930, a Prague a 1931, a Folkestone a 1933. Abin lura ne cewa daular da ke mulkin ƙasarsa ita ce ta miƙa masa tutarta, don ba ta da wanda ya fi shi. A Prague ya kayar da Rubinstein da Flohr, ya yi kunnen doki da Alekhine, zakaran duniya na lokacin. A 1931 ɗin ya kara da Tartakower wasa 12, ya ci 4, aka ci shi 3, sauran 5 suka tashi canjaras.

Wasan da ya fi ɗaukaka sunansa shi ne na Hastings, a ƙarshen Disamba 1930, inda ya fuskanci Capablanca, mutumin Kyuba da ya riƙe kambin duniya daga 1921 zuwa 1927, wanda akan yi shekaru ba a ga an kayar da shi ba. Sultan Khan ne da farare. A taku na 5 ya tura dakaren gefe gida ɗaya, takun da a lokacin ake gani kamar ɓata lokaci, alhali daga baya Petrosian da Kasparov sun mai da shi makami. Bai ɓoye sarkinsa a lungu ba, sai ya bar shi a tsakiya kamar yadda aka saba a gida. Ya ba da sarauniyarsa ya karɓi hasumiya 2, sa'annan ya shiga matsar abokin karawarsa sannu a hankali, yana toshe ƙofofi ɗaya bayan ɗaya, har sarauniyar Capablanca ta rasa inda za ta yi ɓarna. A taku na 65 Capablanca ya sallama. Duk wanda ya taɓa zama gindin bishiya yana kallon tsoffin gwanayen dara ya san irin wannan haƙuri, na mutumin da ba ya gaggawar ci, sai ya tabbata abokinsa ba shi da wurin motsi.

Masana sun yarda cewa buɗe wasa shi ne rauninsa. Turawan da yake karawa da su sun haddace littattafan buɗe wasa na Jamusanci da Ingilishi, shi kuwa bai karanta su ba, don haka sau da yawa yakan fita daga takun farko yana cikin matsi. Ƙarfinsa yana tsakiyar wasa da ƙarshensa, inda hadda ba ta da amfani. Ga kuma sanyin Ingila da bai karɓe shi ba: mura da ciwon maƙogwaro da zazzaɓin cizon sauro sun yi ta damunsa, har yakan zo wurin gasa da wuya a naɗe.

A nan ne tarihin ya rabu biyu. Marubutan Turai da Amurka sun daɗe suna kiransa bara, wasu ma bawa, jahilin da bai iya karatu ba, wanda baiwa ta faɗo wa daga sama. Gwanin Amurka Reuben Fine ya ba da labarin wata liyafa a gidan Sir Umar a 1933, inda ya ce zakaran Birtaniya ne ya yi musu hidimar abinci. Zuriyarsa sun musanta wannan siffa: sun ce ɗan gidan ilimi ne mai gonakinsa, yana karatu da rubutu da harshen ƙasarsa, kuma dangantakarsa da Sir Umar ta mai gida ce da gwanin da yake ɗaukar nauyinsa. Hujjarsu tana da nauyi, domin a bakin Bature na zamanin mulkin mallaka, rashin iya boko da rashin ilimi abu ɗaya ne, kuma almajiran ƙasashen Musulmi da yawa sun sha wannan suna alhali suna rubuta wasiƙa da ajami. Sai dai akwai gaskiyar da ba ta musantuwa: zuwansa Turai da komawarsa duk sun rataya ne ga tafiyar wani. A gidan nan dai akwai wata budurwa mai suna Fatima, wadda ta ci kambin matan Birtaniya a 1933, ita ma ta koma gida ba a sāke jin ɗuriyarta a gasa ba.

A Disamba 1933 Sir Umar ya koma Indiya, Sultan Khan ya bi shi, yana ɗan shekara 30, a daidai lokacin da ake lissafa shi cikin manyan gwanayen duniya. A 1935 ya kara da Khadilkar wasa 10, ya ci 9, ɗaya ya tashi canjaras. Daga nan ya koma gonarsa a yankin Sargodha. Babban ɗansa ya ce bai yarda ya koya wa ƴaƴansa wasan ba, yana ce musu su nemi abin da ya fi amfani.

A 1950 hukumar shaɗaranji ta duniya, FIDE, ta fara ba da muƙamin babban gwani, ta zaɓi mutum 27. Tartakower da Flohr suna ciki, har da Rubinstein wanda ya bar gasa tun 1932. Sunan mutumin da ya taɓa kayar da su duka uku bai fito ba. Ya rasu da tarin fuka a Sargodha ranar 25 ga Afrilu 1966. Sai a Fabrairu 2024 shugaban hukumar, Arkady Dvorkovich, ya je Islamabad ya miƙa wa gwamnatin Pakistan takardar muƙamin girmamawa da sunansa, shekara 58 bayan rasuwarsa.